Toka a Gwangwanin Madara

Talata, 15 ga Fabrairu, 1994. Ƙarfe bakwai na yamma.

Mun ƙona cocin yau. Sati uku na yi ina gina shi a bayan wani ƙauye na Kagoma, da jar laka da gwangwala da ciyawa, amma wuta ta lashe shi kafin mutum ya gama cin malmalar tuwo. Kowa ya tafa. Fada Ifediora, wanda shi ke jagorantar fim ɗin, ya rungume ni da farar rigarsa duk da baƙin da ke jikina. Ya ce a fim uku da muka yi tare bai taɓa ganin abin da ya yi kama da gaskiya irin wannan ba.

Ban ci abinci ba. Matata Joanna ta tambaya, na ce hayaƙi ne ya cika mini ciki.

Laraba ta Toka, 16 ga Fabrairu. Ƙarfe tara na safe.

Fada ya shafa mini toka a goshi, ya ce in tuna ni turɓaya ne. Bai san ina da tawa tokar a gida ba, cikin gwangwanin madara, a bayan kwalaben fenti. Ita na durƙusa na kwashe jiya lokacin da kowa ke ɗaura kaya a mota.

Juma'a, 18 ga Fabrairu. Ƙarfe huɗu na yamma.

Bari in rubuta shi sau ɗaya, tunda takarda ba za ta kai ƙarata ba.

Fim ɗin tarihin Katikis Dogara ne, mutumin da ya fara koyar da addini a ƙauyen, ya rasu shekara takwas ke nan. Abin da kowa ya fi sani game da shi ɗaya ne. Wata shekara gobara ta kama cocinsu na ciyawa, shi kuwa ya kutsa cikin wutar ya fito rungume da littafi. A cikin littafin nan ya rubuta waƙoƙin yabo arba'in da uku da hannunsa, da yaren Kagoma, shi ya tsara su. Har ya mutu tabon ƙunar na nan a damtsensa. Yanzu ba mai rera su, don tuni coci ya koma waƙoƙin Hausa, tsofaffin da suka iya kuma sun tafi ɗaya bayan ɗaya. Matarsa kawai ta rage, Mama Tagwai, idonta ya mutu, littafin yana cikin akwatin ƙarfe a ƙarƙashin gadonta.

Aikina a fim shi ne in sa sabon abu ya tsufa. Ni da na fara da rubuta allon shaguna a bakin tashar jirgin ƙasa, yau in ka ba ni takardar jiya zan mayar maka da ita ta zamanin Turawa. A jiƙa ta a ruwan shayi, a shanya a inuwa, a lasa wa gefenta harshen kyandir, a shafa ɗan man gyaɗa inda babban yatsa ke kamawa. Ina alfahari da wannan, kuma alfaharin ne ya kai ni ƙasa.

'Yar Mama Tagwai, Afiniki, nas ce a nan Kafanchan, ita ta roƙi uwar ta ba ni aron littafin in kwaikwaya. Sharaɗi ɗaya tsohuwar ta kafa, kada ya je inda za a kunna wuta. Na dafa ƙirji na yi alkawari. Na yi nawa, bango sak, shafi shida na farko, waƙa guda a kowane, na kwafe harafi bayan harafi duk da ni ɗan Kagoro ne, ban jin ko kalma ɗaya. Sauran shafukan na bar su babu komai, don wa zai buɗe?

Ranar Talata na sa na gaskiyar a jaka na tafi da shi. Ba wanda ya ce in kawo. So nake in jera su biyu a hasken rana in ga ko ni kaina zan bambanta. Sai Celestine mai kyamara ya ce yana son ya ɗauki littafin a buɗe, a tsakiya, kan teburin bagade. Nawa tsakiyarsa fayau. Maimakon in ce haka, na juya baya na musanya. Minti biyu kawai, in ji ni.

Sai Fada ya hau kiran rana za ta faɗi. Na ruga na yayyafa kananzir a jinka, ni na ƙyasta ashana da hannuna. Meshak, malamin makarantar da ke fitowa a matsayin Dogara, ya nufi ƙofa kamar yadda aka tsara, iska ta juya, jinkar ta rufto tun bai shiga ba. Na cafko shi ta bel na janyo. Ina riƙe da bel ɗin nan na tuna.

Fada ya tambayi littafi fa. Na ce kar ya damu, guda biyu na yi. Na zaro nawa daga jaka, aka ɗauki Meshak yana fitowa daga hayaƙi rungume da shi.

Littafin da ya tsira daga wutar gaske, ni na ba wutar wasa.

Asabar, 19 ga Fabrairu. Tsakar rana.

Afiniki ta aiko a tambaya yaushe zan mayar. Na ce akwai sauran ɗan aiki.

Alhamis, 24 ga Fabrairu. Ƙarfe biyar na yamma.

Kwana biyar ina kulle a shago. Na cika fararen shafukan. Da me? Da shafi shidan nan, na yi ta maimaita su, ina juya layuka, na sama ya koma ƙasa, ina kwaikwayon yadda Dogara ke karkatar da alƙalami in ya gaji. Na ƙara shayi, na ƙara kyandir. Ya yi kyau ƙwarai, kuma wannan ne ya fi ba ni kunya.

Joanna ta ce tunda aka shiga Azumi na zama waliyyi, ba nama, ba magana, ba dariya. Ta ce in na ci gaba haka Fada zai yi fim ɗina, ita kuma ba za ta ba da aron ko cokali ba. Na yi dariyar da ta sa ta daina tata.

Lahadi, 27 ga Fabrairu. Ƙarfe shida na yamma.

Na kai littafin ƙaryar. Ni da Afiniki a kan babur ɗina, tana ta ba ni labarin yadda babanta ke rera waƙa yana huɗar doya, ni kuwa ina jin jakar a bayana kamar na goyo garwashi.

Mama Tagwai na zaune a inuwar rumbu tana ɓarar gyaɗa. Na durƙusa na gaishe ta, na sa mata shi a hannu. Ta shafa bangon, ta shafa gefen, sannan ta kai shi fuskarta. Na ɗauka sumba take yi. Ta daɗe a haka. Da ta sauke sai ta naɗe shi a zanen Zumuntar Mata, ta miƙa wa Afiniki ta ce a mayar akwati.

Na buɗe baki. Allah shaida ne na buɗe baki. Abin da ya fito shi ne godiya.

Da za mu tafi ta riƙe hannun rigata ta ce, "Ɗana, in ka samu lokaci, ka dawo. Ina nan." Har na tayar da babur ta sake faɗa.

Na tsira, haka na gaya wa kaina a hanya. Ba ta gani, ba ta barin kowa ya buɗe.

Laraba, 2 ga Maris. Ƙarfe biyu na rana.

Fada ya kira ni ofis, fuskarsa kamar an yi masa albishir. Ran Litinin ta Ista za a nuna fim a zauren coci. Kuma ya shawo kan Afiniki, bayan an nuna za a sa littafin a akwatin gilas kusa da bagade, 'yan kwaya, mawaƙan coci, su kwafi waƙoƙin su fara koyo. Wa zai ƙera akwatin gilas ɗin? Ni mana.

Bai tsaya nan ba. Ya ce wasu a Inugu za su yi babban fim a kan wata sista ta coci da ta kafa asibitin kutare, da kyamara uku, ya kuma rubuta musu sunana. Da Hausarsa ta 'yan reluwe ya ce, "Abednego, hannu na ka Allah ne ya ba ka. Kai ba za ka mutu a kan sainbod na shaguna ba."

Shekara goma sha ɗaya nake jiran wani ya faɗa mini wannan maganar. Na fito na zauna a kan dakalin coci kamar wanda aka yi wa rasuwa.

Gobe zan je Kagoma.

Alhamis, 3 ga Maris. Yamma.

Tayar baya ta yi faci.

Asabar, 5 ga Maris. Yamma.

An gyara tayar tun jiya.

Talata, 8 ga Maris. Ƙarfe uku na rana.

Na je ɗakin Celestine inda yake haɗa fim. Na ce ina son in duba launin bagade. Ya kai kaset wurin da littafin ke buɗe, na ce ya tsayar. Hoton na rawa, layi na ratsa shi, amma rubutun na karantuwa. Shafi biyu, waƙa guda cur, ta ashirin da biyu. Na kwafe ta a bayan takardar siminti yana kallona.

Ya ce, "Oga, ba kai ka rubuta ba? Me za ka kwafa kuma?" Na ce na manta yadda na yi ne. Ya ɗaga kafaɗa.

Waƙa shida da ɗaya, bakwai. Daga arba'in da uku.

Juma'a, 11 ga Maris. Bayan Hanyar Gicciye.

Hotuna goma sha huɗun da ke bangon cocin nan ni na zana su shekara biyar da suka wuce. Yau na tsaya gaban na Bilatus, gwamnan da ya bari aka gicciye Ubangiji, yana wanke hannu, na ga ashe hancina na ba shi. A lokacin wasa na ɗauke shi.

Ban karɓi Jibin Ubangiji ba sati uku ke nan. Joanna ta lura. In je furta zunubi wurin wa? Mai zama a bayan labulen shi ne ya rubuta sunana zuwa Inugu.

Litinin, 14 ga Maris. Ƙarfe ɗaya na rana.

Na haɗu da Afiniki a kasuwa wurin masu citta. Ta ce Mama ta canza. Tun ranar da na mayar da littafi, daga safe har yamma waƙoƙin Baba take rerawa, ɗaya bayan ɗaya, in ta kai ƙarshe ta koma farko, har maƙwabta sun fara tsokanarta wai ta buɗe coci a gindin rumbu. Ta ce duk ranar Asabar in ta je, tambayar farko ita ce, mai zane bai zo ba?

Afiniki dariya take, wai na sace zuciyar tsohuwa. Ta cusa mini citta a jaka in kai wa Joanna.

Ashe duka suna kanta. Duka arba'in da uku. Ba abin da ake bukata sai mutum ya zauna gabanta da biro. Amma kafin ya zauna sai ya faɗi dalili.

Gobe.

Alhamis, 17 ga Maris. Safe.

Na yanka gilas. Na auna shi daidai da littafin ƙarya.

Lahadi, 20 ga Maris. Ƙarfe bakwai na yamma.

Na shiga mota har Kachia don in sami Fadan da bai san fuskata ba. Tsoho ne, yana tari. Na faɗi komai, har gwangwanin. Na zaci zai ɗora mini rosari goma in yi ta jan carbi a durƙushe har gwiwa ta kumbura, da na yi murna.

Ya tambaya ko matar na da rai. Na ce e. Ya tambaya ko nisa ne ya hana ni. Na ce a'a. Sai ya ce ba shi na ƙona wa littafi ba, in je in dawo, labulen ba ya gudu. Ya rufe 'yar tagar a hankali.

Na yi fushi har Kafanchan. Mutum ya biyo hanya mai ramuka haka a ce masa ya koma. A gida na gane fushin na mene ne. Na je neman rangwame ne ban samu ba.

Laraba, 23 ga Maris. Rana.

Wasiƙar Inugu ta zo. Suna so na a watan Mayu. Na yi tunanin in bari a nuna fim tukuna, in tafi, in rubuto daga can. Na rubuta wannan tunanin a nan don in ga yadda yake da muni a takarda. Ya kai yadda na zata.

Lahadi ta Ganyen Dabino, 27 ga Maris. Ƙarfe biyar na yamma.

Afiniki ba ta zo Mas ba. An sanar a coci a sa Mama Tagwai a addu'a. Ta faɗi ranar Alhamis a bakin rumbu, ɓarin jikinta na dama ya shanye.

Na gaya wa Joanna komai a tsakar gida, ganyen dabino na hannunta. Ba ta zage ni ba. Ta tambaya sau nawa tsohuwar ta aiko. Sannan ta shiga ta ɗauko makullin babur ta ajiye a gabana.

Litinin, 28 ga Maris. Ƙarfe takwas na safe.

Jiya na kai mararrabar ƙauyen na juyo. Yau Joanna ta ce za ta hau bayana.

Litinin ɗin dai. Ƙarfe shida na yamma.

Tana kwance a kan tabarma, bakinta ya karkace, ta rame kamar ba ita ba. Afiniki na ba ta kunu da cokali. Na durƙusa, na ajiye gwangwanin a gabansu, na faɗa. Ban yi ado ba. Na faɗi jakar, na faɗi ashanar, na faɗi shafi shidan da na yi ta maimaitawa.

Afiniki ta janyo akwatin ta buɗe littafin a tsakiya. Ta karanta layi biyu, ta juya, ta sake juyawa. Ta ajiye shi a ƙasa kamar abin da kare ya taɓa. Ta ce ita ta tsaya mini, ita ta ce wa uwarta ni mutumin coci ne. Ta ce in fita.

Sai tsohuwar ta ɗaga hannun hagu. Maganarta da kyar take fita, sai da na kai kunnena kusa.

"Na sani tun rana da ka kawo. Na Baba yana warin hayaƙi da zufa na shi. Naka warin shayi. Dogara bai taɓa shan shayi ba."

Afiniki ta tambaye ta cikin kuka me ya sa ba ta faɗa ba. Tsohuwar ta ce ba ta so 'yarta ta ɗauki kunyar wani. Ta ce kuma hannun da ya ƙona shi take so ya rubuta, shi ya sa ta yi ta rerawa kullum don kar su zube kafin in zo. Ta huta, ta nemi fuskata da hannu.

"Da ka zo sati na farko, da ka samu duka. Ni ma na yi laifi. Na jira ka da yawa."

Da ta tsine mini da na fi samun sauƙi.

Alhamis Mai Tsarki, 31 ga Maris. Ƙarfe shida na yamma.

Kwana uku ina zuwa tun da sassafe da sabon littafi na 'yan makaranta. Mama ta rera, Afiniki ta faɗi haruffa, ni in rubuta. Afiniki ba ta kallona, haruffa kawai take jefo mini, na kuma gode da hakan.

Ba sauƙi. Wata waƙar ta fito tiryan-tiryan. Wata ta kama baiti biyu ta tsaya, leɓenta na motsi, ta buga tabarma da hannun hagu don haushi. Wata muryar na nan, kalmomin sun tafi. In ta gaji sai mu jira, wani lokaci awa biyu. Da na karanta mata ta ashirin da biyu daga takardar siminti, da bakina na ɗan Kagoro, ta yi wata irin dariya ta gefe guda, ta ce ko akuya ta fi ni yaren.

Mun samu tara cikakku.

Juma'a Mai Kyau, 1 ga Afrilu. Ƙarfe biyar na yamma.

Yau ba ta yi magana ba. Ta buɗe baki, iska kawai. Mun zauna har azahar da biro a hannuna.

Na wuce wurin Fada Ifediora, ba a bayan labule ba, a ofis. Ya cire tabarau ya daɗe yana goge shi. Ya ce zai sake rubuta wa Inugu, ba zai iya barin wasiƙarsa ta farko ta tsaya yadda take ba. Na ce daidai ne. Ban ji zafin da na yi zaton zan ji ba, wurin ya riga ya cika da wani zafin.

Asabar, 2 ga Afrilu. Rana.

Afiniki ta zuba tokar a kan kabarin babanta. Ta ba ni gwangwanin ta ce in tafi da abina.

Litinin ta Ista, 4 ga Afrilu. Ƙarfe bakwai na yamma.

An nuna. Zauren ya cika har taga. Da Meshak ya fito daga hayaƙi rungume da littafi mata suka rangaɗa guɗa, wani tsoho ya tashi tsaye yana share ido. Da aka kunna fitila na hau gaba na faɗa musu abin da ke hannun Meshak da abin da ke cikin wutar. Ba wanda ya yi guɗa. Wani daga baya ya ce Allah ya isa, ba a kuma hana shi ba.

Mama na nan da rai. Afiniki ta ce da safe tana gunjin wata murya, ba kalma, ita kuma ba ta san ko waƙa ta nawa ce ba.

Shida, da ɗaya, da tara. Goma sha shida. Na shirya su a sabon littafin kowace a lambarta, inda babu kuma na rubuta lambar a sama na bar shafin. Shafi ashirin da bakwai ke nan babu komai.

Da muke sa shi a gilas Celestine ya ce farin takardar na ƙyalli da yawa, kamar an sayo jiya, ko zan ɗan ba ta shayi ta yi kama da na da. Na ce jiya aka sayo. Na buɗe shi a shafi na bakwai, inda lamba ce kawai, na rufe gilas.